Biskit ɗin Gyaɗa na Gidanmu

Unguwar Ali Kazaure,
Jos.

Zuwa ga 'yata Ummi,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina roƙon Allah Ya sa kin sauka Lokoja lafiya, Ya haɗa ki da masauki mai kyau da mutanen kirki. Babanku yana gaishe ki, ƙannenki ma haka.

Na san za ki yi mamakin tsintar takarda a ƙasan jakarki, alhali ga waya a hannunki ga waya a hannuna. To a waya, da na ɗauko magana sai ki ce, "Mama na ji," ni kuma in koma tambayarki ko kin ci abinci. Sunan mahaifiyata gare ki, akwai maganar da ba na iya kallon idonki in faɗa. Ranar da kike haɗa kaya kika ce in rubuta miki awon biskit ɗin gyaɗa, don ki riƙa yi a can in kewar gida ta taso miki. Na ari biron Babanku na zauna da niyyar rubuta layi biyar. Ga abin da ya fito. Ki yi haƙuri da tsawonsa, ki karanta ranar da ba ki da aiki.

Ke kin taso kin ga ana cewa biskit ɗin Maman Ummi, ana aiko da fulawa daga gidajen suna da biki a ce in taimaka. Ba ki san yadda na fara ba.

Shekarar da aka kawo ni gidan Babanku, a Gada Biyu muke haya. Ɗakin da ke jikin namu na wata mata ce 'yar Birom, Mama Rifkatu, mijinta malamin firamare. Mahaifinta kuku ne a gidan Turawan haƙar kuza, a wurinsa ta koyi gashi. Da Kirsimeti ta matso sai gidan nan ya cika da wani ƙamshi na citta da soyayyar gyaɗa, har shanya sai ka ji ta ɗauka. Ta aiko mana da faranti guda, ta ce a gaya mini tukunyar gashinta ba ta taɓa ganin abin da ba ma ci ba. Babanku ya dawo daga shagon ɗinki, ya ci ɗaya, ya ci biyu, ya ce, "Wannan fa in da ƙari a kawo."

Abin ya sosa mini rai, ina amarya ana yabon hannun wata a ɗakina. Sai na ce, "Wannan ai ba wani abu ba ne, na iya."

Ban iya ba. Ban taɓa ganin an gasa wani abu ba in ba masara ba. Washegari tana aikinta a tsakar gida, ni kuma ina leƙe ta bayan labule. Ta gan ni sarai. Ta ce, da irin Hausarta, "Amarya, fito ka zauna ka gani mana."

Na ce, "A'a Mama, ai a gidanmu ma ana yi."

Babanku ya ɗauki maganata da gaske. Ya gayyato abokan aikinsa teloli, ya ce su biyo bayan sallar Juma'a su sha shayi da biskit ɗin amaryarsa. Na kwaɓa abin da na hango daga bayan labule, na jera a tire, na sa a gindin babbar tukunya, na iza mata itace kamar zan dafa ganda. Ba a jima ba hayaƙi ya turnuƙe gidan. Mama Rifkatu ta fito cikin anko ɗinta, za ta taron mata na coci. Ta ɗaga murfin ta duba. Ƙasa ya yi baƙi ƙirin, tsakiya kuwa ɗanye shakaf. Na tsaya ina jiran dariya.

Ta ce, "Amarya, ina yashi?"

Na ce, "Wane yashi?"

Da wannan tambayar na tona wa kaina asiri. Ta dube ni, ta dubi rana, ta ce, "Ba komai. Kawo sauran fulawa naka." Ta koma ɗaki ta canza zani, ta fasa zuwa taronta, ta jawo kujera 'yar tsugunno. Ashe yashi ake shimfiɗawa a gindin tukunyar, a bari ya ɗauki zafi, a ɗora gwangwani uku, sannan tire ya hau kansu, a rufe, a zuba garwashi kaɗan a kan murfi. Kafin a sauko daga masallaci mun fitar da tire uku. Baƙi suka ci suna sa albarka, ni kuwa ina cikin ɗaki kunya ta hana ni sakat. Sai da na kwana biyu kafin na gaya wa Babanku gaskiya. Ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce ai tun daga bakin titi maƙwabta suka ba shi labarin hayaƙin.

Ummi, ke aikin jinya za ki. Ni fulawa na ƙona, ke kuwa mutum ne zai kasance kwance a gabanki. Za ki tarar da waɗanda suka daɗe a wurin, wasu ba su kai ki karatu ba, wasu Hausa ma ba sa ji. In an nuna miki abin da ba ki sani ba, ki ce ba ki sani ba tun a karon farko. Kunyar ba ta wuce ta minti ɗaya. Kada ki leƙa aiki daga nesa ki ce kin iya, domin abin da ke gindin tukunya ba a hango shi daga bakin ƙofa.

Ga yadda ta koya mini, ki riƙe. Gyaɗa gwangwanin madara biyu, ki tsince ta da idonki, duk wadda ta yi baƙi ko ta yanƙwane ki jefar. Guda ɗaya mai ɗaci tana ɓata tire guda, kuma babu kayan ƙamshin da zai rufe ta. Ki soya a wuta kaɗan, ki murje ɓawon, ki feƙe, ki daka sama-sama yadda haƙori zai riƙa cin karo da ita. In kin cika daka za ta fara fitar da mai, kin kama hanyar ƙuli-ƙuli ke nan. Bota gwangwani ɗaya da sukari gwangwani ɗaya, ki buga da muciya har ya yi fari ya yi laushi, sannan ki fasa ƙwai biyu ki ci gaba da bugu. Fulawa gwangwani huɗu, ki tankaɗe ta tare da garin citta ƙaramin cokali biyu, kirfa cokali ɗaya, kanumfari ƙwaya huɗu a dake, gishiri ɗan abin da yatsu uku suka ɗauka, da bekin foda cokali ɗaya. Ki haɗa duka, ki juya har su kama juna, ki tsaya nan. Ba burodi ba ne, ba ya son cuɗa. Ki rufe kwaɓin ki bar shi ya huta kamar tsawon abin da za ki yi wanke-wanke da shara. A nan Jos sanyi na yi mana wannan aikin. A can an ce zafi ne kamar me, to ki sa shi a firji in akwai wuta, in babu ki ɗora kwanon a cikin ruwan randa, ki kuma yi aikin da sassafe. Ki murza da kwalba, ki yanka da bakin kofin shayi. In gefensa ya fara ja ki sauke, ko da tsakiyar na da laushi. Yana hucewa zai yi ƙarfi da kansa.

Kin ga na ce kanumfari ƙwaya huɗu. Akwai dalili. Kakarki Hajiya, mahaifiyar Babanku, Allah Ya ji ƙanta, mace ce mai kirki amma yabo ba ya fita bakinta da sauƙi. Wata ƙaramar Salla na kai mata biskit, ta ci, ta ce, "Ƙamshin kanumfarin nan ya yi." Na dawo gida ƙafata ba ta taɓa ƙasa. Da babbar Salla ta zo na ce bari in burge ta, na daka kusan cikin tafi guda na zuba. Ta gatsa, ta tauna a hankali, ta miƙa hannu ta ɗauki ruwa ta sha. Sannan ta ce, "Rabi, wa ya ce miki haƙorina na ciwo?"

Shi ke nan abin da ta faɗa. In an yabe ki a kan wani abu, to yadda yake ɗin nan ne aka yaba. Na ga mata da yawa an ce musu suna da fara'a sun koma surutu, an ce suna da tsare gida sun koma ɗaure fuska. Ki yi godiya ki bar awon yadda yake.

Wannan da zan faɗa miki yanzu ya fi duk sauran yi mini nauyi, kuma ban taɓa gaya wa ɗayanku ba.

Kin san Anti Safiya ƙanwata ce ciki ɗaya, ni na goye ta. Lokacin da ta yi aure aka kai ta unguwar Jos Jarawa, sunana ya riga ya fara zagaya gidaje a kan biskit ɗin nan. Ta zo ta same ni ta ce, "Yaya, ki koya mini mana. Dangin mijina za su zo mana yinin Salla, ina so in fita kunya."

Na ce to. Amma a cikin raina wani abu ya tsaya. Safiya ta fi ni hannun girki tun muna yara, ta fi ni baki, ta fi ni shiga jama'a. Abu ɗaya ne nawa ni kaɗai, ga shi ta zo nema. Na lissafa mata kayan haɗi tsaf, ban rage ko ɗaya ba, don in iya rantsuwa ban yi ƙarya ba. Sai dai ban ce mata kada ta cuɗa ba. Ban ce ta bar kwaɓin ya huta ba. Da ta tambaye ni yaushe ake saukewa, na ce, "In ya gasu ai za ki gani."

Ta cuɗa shi da ƙarfinta kamar yadda ta saba da cincin, ta bar shi a wuta har tsakiyar ta yi tauri. Da ya huce ya koma tsakuwa. Ba ta ankara ba sai da aka kai gaban baƙi. Wani ƙanin mijinta ya ƙwanƙwasa ɗaya a jikin faranti ya ce a ajiye masa, zai yi jifan ɓera da shi. Aka yi ta dariya, ita kuma amarya ce, wata uku da tarewa.

Bayan kwana biyu ta zo gidanmu, ta tarar ina fitar da tire. Ta tsaya tana kallona na sauke shi da laushinsa, na jera a faifai. Ta ga wani kwaɓin a rufe a gefe. Ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Yaya, da kin ce ba za ki koya mini ba, da ya fi mini sauƙi." Ta gyara mayafinta ta fita.

Kusan shekara muka yi a haka. Muna gaisawa a gidan suna, muna zama tabarma ɗaya a gidan gaisuwa, amma ta daina shigowa ɗakina ta buɗe tukunya, ta daina kawo mini tsegumin unguwarsu. Ni kuwa ina ta kare kaina a zuci, ina cewa ai duk kayan haɗin na faɗa mata. Rannan Babanku yana shan shayi da safe, na miƙa masa biskit, ya juya shi a hannu ya ce, "Rabi, ita matar da ta koya miki, me ta rage?"

Babu abin da ta rage. Matar da ba danginmu ɗaya ba, ba addininmu ɗaya ba, ta fasa taronta ta zauna a hayaƙi ta ba ni duk abin da ta sani, ni kuma na hana wadda muka sha nono ɗaya. A ranar na ɗaure fulawa da gyaɗa da bota a leda, na hau keke napep zuwa Jos Jarawa. Na tarar tana wanki. Na ajiye kayan na ce, "Safiya, da gangan na yi. Tsoro na ji kada ki fi ni. Ki yafe mini."

Ta ci gaba da matse rigar da ke hannunta, ta shanya, ta goge hannu a zani. Sannan ta ce, "To hura wutar mana, kin tsaya kamar baƙuwa."

Yau kin san Anti Safiya ita ke yi wa rabin unguwarsu, har da obin ɗinta na gas. Ban ga abin da ya ragu a nawa ba. Ummi, in za ki ba mutum abu ki ba shi cikakke, in ba za ki iya ba ki ce masa a'a a fili. Kuma ki kula da irin gaskiyar nan da ake gutsurewa don a samu hanyar rantsuwa. Ta fi ƙarya cutarwa, domin mai ita yana daɗewa bai yarda ya yi laifi ba. Za a kawo miki sababbin ma'aikata wata rana, a ce ki nuna musu aiki. Ki tuna da ni a ranar.

Ita ma Mama Rifkatu ban kyauta mata ba. Lokacin da gari ya rikice, kowa ya koma inda nasa suka fi yawa, muka tashi daga Gada Biyu muka dawo nan. Kina goye a bayana. Ita ta taya ni ɗaure kwanuka, ita ta riƙe ki da za mu hau mota. Na ce mata da zarar ƙura ta lafa zan zo. Gari ya lafa, ban je ba. Da farko tsoro ne, daga baya hidima, daga baya kuma kunyar daɗewar da na yi. Kowace shekara ta ƙara sai kunyar ta ƙaru, har na koma in keke zai bi ta wajen sai in kau da kai. Sai da kika shiga sakandare na haɗu da 'yarta Rifkatu, wadda da sunanta ake kiran uwar, a kasuwa. Ta riƙe hannuna ta ce, "Mama tana tambayarki kullum. Idonta ya yi rauni yanzu."

Ranar Asabar na gasa, na cika roba, na tafi. Na shirya jawabi tun daga gida. Ina yin sallama, tana zaune a bakin ƙofa tana shan hantsi, ta ɗaga kai ta ce, "Amarya ne?"

Ni da 'ya'ya huɗu. Na durƙusa na fara ba da haƙuri, ta ce, "Bar wannan. Me ka kawo? Na ji ƙamshi." Ta ɗauki ɗaya ta gatsa, tana taunawa. Ta ce, "Citta ya yi daidai. Amma ya ɗan daɗe a wuta."

Muka yi dariya har hawaye ya zubo mini. Jawabin da na shirya bai samu wurin shiga ba. Tun daga nan kin ga yadda muke, in kai mata na Kirsimeti, ta aiko mana da dankali da Salla. Shekarun da na ɓata a tsakani su ne ba za su dawo ba. A inda za ki zauna, duk wadda Allah Ya haɗa ku katanga, ko wace ce, ki fara gaishe ta. In kin gasa ki zuba mata a faranti. In kuma kin ga kin daɗe ba ki nemi wani ba har kina jin nauyi, ki tashi ki neme shi a ranar, gobe nauyin zai fi na yau. Ki kira Mama Rifkatu ma ki gaya mata kin isa, lambar 'yarta Rifkatu na bayan takardar nan.

Saura ɗaya, ita kuma tsakanina da ke ce.

Kina 'yar shekara goma sha biyar, lokacin hutu, aka yi rasuwa a dangin Babanku na fita da safe na bar ki da aikin biskit. Da na dawo na ga launinsa ya canza. Ashe kin soya riɗi kin zuba, kin goga ɓawon lemu a ciki, kin rage sukari. Ban ko ɗanɗana ba na hau ki da faɗa a gaban ƙannenki. Na ce wa ya sa ki, na ce kin ɓata mini fulawa, na ce yaushe aka haife ki da za ki gyara mini girki. Kika kwashe kwanuka kika tafi bakin famfo.

Bayan la'asar na shiga kicin ni kaɗai in ga ko akwai wanda za a iya ci. Na ɗauki ɗaya. Na ɗauki na biyu. A tsaye na ci guda biyar, na share bakina, na fito na wuce ki kina shanya ban ce uffan ba. Tun daga ranar ba ki sake ƙara ko ƙwayar riɗi a girkina ba. Duk abin da na ce ki auna shi kike aunawa, in tsaya ina kallonki ina jin abin a raina, bakina ya ƙi buɗewa.

Ummi, naki ya fi nawa daɗi. Na sani tun ranar. Ki yafe wa mahaifiyarki shekarun da ta yi tana riƙe da maganar nan. In kin yi wa na ƙasa da ke ba daidai ba, ki faɗa masa kafin rana ta faɗi, girmanki ba zai ragu ba. Yanzu kuma murhu naki ne, ɗaki naki ne. Ki sa riɗinki.

Ki riƙe salla a kan lokaci, ki riƙa cin abinci kafin ki fita aiki, ki kwana cikin gidan sauro. Allah Ya tsare ki a hanya da masauki, Ya tsare hannunki a kan marasa lafiya, Ya sa ki gama da kowa lafiya. Allah Ya kare ki daga abin da kika sani da wanda ba ki sani ba, Ya dawo mana da ke cikin ƙoshin lafiya. Ni dai na yarda da ke, na kuma gode wa Allah da Ya ba ni ke. Allah Ya yi miki albarka.

Wassalam.

Mahaifiyarki,
Rabi